Mintsinin ƙaguwa mai aron gida: me ke jawo shi, kuma yaya ake sa ta saki?

A garuruwan shaƙatawa na gaɓar gabashin Amurka, irin su Ocean City ta jihar Maryland da Myrtle Beach ta Karolaina ta Kudu, da zarar lokacin zafi ya kama, shagunan bakin teku kan cika da riguna da tawul da kayan wasan yara. A bakin ƙofar da yawa daga cikinsu za ka tarar da keji na waya, ƙaguwoyi sun ɗare jikinsa birjik, kowace tana janye da katantanwar da aka shafa wa fenti ja ko shuɗi. Yaro ya kafe sai an saya masa, uwa ta biya, a haɗa musu da 'yar robar ajiya da soso da ƙullin abinci. Kafin a kai mota yaron ya zaro ta ya ɗora a hannu, ya ɗaga ta saitin fuskarsa don ya leƙa cikinta. Can sai ka ji ihu. Ta damƙe fatar tsakanin babban yatsa da manuni, yaron ya yarfe hannu da iya ƙarfinsa, ƙaguwar ta bugu da siminti. Yaron zai manta da zafin kafin dare. Ita kuwa sau da yawa ƙarshenta ke nan, ko kuma mafarin doguwar jinya.

Wannan hoton shi ne gaba ɗayan matsalar a dunƙule. Ana maganar mintsinin wannan dabba kamar mugun hali ne da ya kamata a hore ta ta daina, alhali wanda ya san yadda aka halicci jikinta zai ga cewa kusan kowane mintsini yana da dalilin da ake iya ganowa, kuma mafi yawan dalilan daga hannun mai riƙon suke fitowa.

Mu fara da ita kanta dabbar, domin ba irin ƙaguwar rafi ba ce da ɓawo ya rufe ta gaba da baya. Gabanta ne kawai ke da sulke. Bayanta laushi gare shi, a murɗe yake kamar ƙugiya, ba abin da ke kare shi daga rana ko daga bakin tsuntsu. Shi ya sa take neman katantanwar da dodon koɗin teku ya mutu ya bari, ta zura bayanta ciki, ta riƙe ginshiƙin tsakiyar kwanson da ƙarshen jelarta, ta riƙa yawo da shi. In ta girma ya matse ta, sai ta nemi wanda ya fi shi. Masana na kiran dangin waɗanda ke zaune a tudu da suna Coenobita. Wadda aka fi sayarwa a Amurka ita ce Coenobita clypeatus, 'yar tsibiran Karibiyan da kudancin Florida, wadda babban hannunta ke da launin shunayya. Sai Coenobita compressus da ake samu a gaɓar tekun Fasifik daga Meziko zuwa Peru, ƙarama ce amma ta fi saurin gudu da rashin zama wuri ɗaya. Akwai kuma ja mai ɗigon fari, Coenobita perlatus, ta yankin tekun Indiya da Fasifik.

Ƙafafunta goma ne. Huɗu ƙanana suna ɓoye cikin kwanso suna tallafe shi, huɗu na tafiya, biyun gaba kuma su ne hannuwa masu kama da awartakin maƙeri. Ba girmansu ɗaya ba, kuma a nan ne fahimtar mintsini take farawa. Na dama ƙarami ne, da shi take tsinkar abinci ta kai baki, da shi take ɗibar ruwa. Na hagu shi ne ƙato, kuma babban aikinsa ƙyaure ne. Idan ta firgita ta shige ciki, sai ta toshe bakin kwanson da shi, ta ɗora ƙafa ɗaya a gefensa, ƙofa ta rufu ruf. Wannan rufewar ba daga maƙiyi kaɗai take kare ta ba, har da bushewa, domin tana ajiye ɗan ruwa a cikin kwanson don jiƙa sassan numfashinta. Aikinsa na biyu shi ne riƙo. Wannan dabba mahayiya ce ta gaske: a Karibiyan ana ganinta a kan bishiya da kan duwatsu, tana rataye da nauyinta da na gidanta a kan awartaki ɗaya. Hannun da aka yi domin ya riƙe reshe alhali iska na kaɗawa, ba a yi shi don ya saki da wuri ba.

To sai ka duba abin da ke faruwa idan mutum ya ɗauke ta. Idanunta a kan 'yan sanduna suke, sun fi ƙwarewa wajen hango motsi da inuwa, kuma a duniyarta inuwar da ta faɗo daga sama yawanci tsuntsu ne. Hannu ya sauko, an cire ta daga ƙasa, ƙafafunta na lilo ba abin takawa. In an ajiye ta a tafin hannu, tafin yana motsi, yana karkata, mai shi yana tafiya yana magana. Hausawa sun ce wanda ruwa ya ci, ko kaifin takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Haka take: ta laluba ta ji fata mai laushi da ta tattare, ta damƙa, don kada ta faɗi. Tsoron nata kuma ba na banza ba ne. Faɗowa daga tsayin ƙugun mutum zuwa kan tayil na iya fasa kwanson ko ya ji wa lallausan cikinta ciwon da ba a gani daga waje. A ganina, daga cikin duk dalilan da ake lissafawa wannan ne uwa, sauran 'ya'ya ne.

Akwai mintsinin gwaji, wanda bai kai wancan zafi ba. Ƙaguwar nan da ƙanshi take neman abinci, da 'yan gajerun gashin-bakin da take ta kaɗawa a iska. Tana cin kusan komai: 'ya'yan itace da suka faɗo, ganye, mushen kifi, ɓawon da 'yar'uwarta ta saɓe. Idan ka gama yanka mangwaro ko ka taɓa man gyaɗa ka ɗauke ta ba ka wanke hannu ba, za ta sa ƙaramin hannunta ta ɗan tsinki fatarka don ta ji ko abin ci ne. Yawanci tana saki da kanta nan take. Wanke hannu da ɗauraye shi sosai kafin a taɓa ta ya wadatar, kuma ya zama dole ma ko ba don mintsini ba, saboda man shafawa da turare da maganin sauro duk suna cutar da ita.

Sai wanda ya fi ba ni tausayi, mintsinin dabbar da ta galabaita. Mutane da yawa ba su san cewa kusan duk ƙaguwar da ke cikin shago daga daji aka kamo ta ba. Kiwata ta hayayyafa a gida abu ne mai wuyar gaske, domin macen sai ta gangara bakin teku ta saki ƙwayayenta a ruwan gishiri, 'ya'yan su yi makonni suna yawo a teku suna sauya kama kafin su fito tudu su nemi ƙaramin kwanso. 'Yan ƙalilan ne suka iya kwaikwayon wannan a cikin gida. Saboda haka wadda ke kejin wayar nan an tsince ta ne daga gaɓar wata ƙasa mai zafi, an loda ta a buhu da ɗaruruwan 'yan'uwanta, an yi doguwar tafiya da ita, wataƙila ma an raba ta da kwanson da ta zaɓa aka tilasta mata shiga mai fenti. Ta yi kwanaki ko makonni a busasshiyar iska, tana numfashi da ƙyar. Dabbar da ke wannan hali, ranar farko da aka kawo ta gida ake so ta zauna lafiya a tafin yaro. Masu kiwo da suka daɗe a harkar suna ba da shawarar a ƙyale sabuwar ƙaguwa makonni ba a taɓa ta ba, a ba ta abinci da ruwa da wurin ɓuya, in ta tona rami ta shige a bar ta.

Yanzu ga lokacin da abin ya riga ya faru, ta kama kuma ta ƙi saki. Abin da jiki ke umartar mutum ya yi, wato ya yarfe ko ya fizge, shi ne mafi muni. Yarfewa tana tabbatar mata da cewa faɗuwa za ta yi, sai ta ƙara matsewa. Fizgewa kuwa tana yage fata, ta mai da ɗan ƙaramin tabo ya zama rauni. Akwai kuma wani abu da ke tattare da halittar ƙaguwa: idan aka ja hannunta da ƙarfi, tana iya yar da shi da kanta, ya ɓalle daga wata gaɓa ta musamman a gindinsa. Hannun zai sake tsirowa, da farko kamar ɗan ƙullutu mai laushi, ya riƙa ƙaruwa duk lokacin da ta yi saɓa, amma kafin nan ta zama gida ba ƙyaure. Ba ta iya rufe kwansonta ta tsare danshi, ba ta iya kare kanta idan wata ta zo ƙwace mata shi.

Abin yi shi ne a ja numfashi, a sauke hannun a hankali har ƙafafunta su taka wani abu mai ƙarfi: yashin gidanta, tebur, ko tawul da aka shimfiɗa a ƙasa. A daina motsi, a daina hayaniya, masu kallo su ja baya don inuwa ta ragu a kanta. Za ka ga abin da idonka: gashin-bakin ya fara leƙowa, idanun su miƙe, ƙafa ɗaya ta laluba ta ji ƙasa, sai ka ji matsin ya fara sassautawa, ta saki ta kama gabanta. Wani lokaci daƙiƙu kaɗan ne, wani lokaci ya kai minti ɗaya ko biyu, kuma minti ɗaya da awartaki a fata yana da tsawo, ban musa ba. In ta ƙi, sai a zuba mata ruwa mai ɗan ɗumi a kan hannun, ko a tsoma wurin a kwanon ruwanta. Nan ma da sharaɗi. Kada ya zama ruwan zafi, kada ya zama na ƙanƙara, kuma gwamma a yi amfani da wanda aka tanadar mata, domin ruwan famfo yana ɗauke da sinadarin kulorin da ke ƙona sassan numfashinta. Ban yarda da shawarar a sa cokali ko wuƙa a ɓanɓare awartakin ba, karya shi ake yi. Batun kusanto mata da wuta kuwa zalunci ne tsagwaronsa.

Shi raunin, a mafi yawan lokuta ba wani abin tashin hankali ba ne. Wannan ƙaguwa ba ta da dafi. Ƙarama mai girman goro ɗan ja kawai za ta bari, ko ɗan taruwar jini a ƙarƙashin fata. Babba, wadda ta kai girman lemo ko dunƙulen hannu, tana iya huda fata har jini ya fito. In haka ta faru a wanke da sabulu da ruwa mai gudu, a danne da ƙyalle mai tsabta har jinin ya tsaya, a shafa maganin kashe ƙwayoyin cuta a rufe. Abin lura shi ne dabba ce mai tona ƙasa mai danshi da cin ruɓaɓɓen abu, don haka awartakinta ba mai tsabta ba ne. Idan bayan kwana ɗaya ko biyu wurin ya ƙara ja, ya kumbura, ya ɗauki zafi, ya fara ruwa, ko zazzaɓi ya biyo baya, a je asibiti. Mai ciwon suga ko ciwon hanta ko wanda garkuwar jikinsa ta yi rauni kada ya tsaya jira. Wanda rabonsa da allurar rigakafin tetanus ya haura shekara 10 shi ma ya faɗa wa likita.

Don a san irin ƙarfin da ke cikin wannan zuri'a, babbar 'yar'uwarsu ita ce ƙaguwar kwakwa, Birgus latro, wadda tana ƙarama take shiga kwanso, in ta girma ta daina. A 2016 masu bincike a Okinawa ta Japan, ƙarƙashin Shin-ichiro Oka, sun auna matsin 29 daga cikinsu, suka ƙiyasta cewa mafi girma, mai nauyin kilo 4, matsinta na iya kai wa niyutan 3,300, wato kamar a ɗora wa yatsa nauyin da ya haura kilo 300. Ta gida ba ta kusa da haka ko kaɗan, amma ƙirar hannun ɗaya ce.

Idan ɗaukar ta zama dole, misali za a share gidanta ko a duba lafiyarta, akwai yadda ake yi. A tunkare ta daga gefe a hankali, ba daga sama ba. A kama kwanson ta baya, nesa da bakinsa, domin hannunta na iya lanƙwasowa fiye da yadda ake zato. Kada a taɓa ɗaga ta ta ƙafa ko ta awartaki, kada kuma a yi yunƙurin zaro ta daga kwanson, domin ta gwammace a tsinka ta gida biyu da ta saki. A buɗe ɗaya tafin sosai, yatsu a haɗe a miƙe har fatar ta ɗame kamar fatar ganga, yadda ba inda za ta samu ta kama. Tafin da aka lanƙwasa kamar mai roƙon ruwa shi ne ke tara fata a ba ta abin damƙa. A zauna a ƙasa ko a kan katifa, hannun ya yi kusa da shimfiɗa. In ta fara tafiya a tara mata ɗaya hannun a gaba, ta riƙa sauka daga wannan zuwa wancan ba tare da ta ga rami a gabanta ba. Mai jin tsoro ya shimfiɗa ƙyalle a tafinsa, in ta kama ƙyallen ta kama, in kuma ta riƙe shi a mayar da ita gidanta tare da shi, za ta saki in ta ga dama.

Akwai lokacin da ba a taɓa ta sam, ko da wane irin salo: lokacin saɓa. Sulken jikinta ba ya girma da ita, don haka sai ta tona rami ta binne kanta a cikin duhu, ta tuɓe tsohon ɓawon, ta zauna da sabon jiki mai laushi, ta cinye tsohon don ta mayar da sinadarin da zai ƙarfafa sabon. Ƙarama na iya gamawa cikin makonni kaɗan, babba kan yi wata biyu ko fiye a ƙasa. Masu sabon kiwo kan ɗauka ta mutu ko ta ɓace, su tona su zaro ta, kuma da yawa a nan suke halaka. Kafin ta shiga ma akan ga alamu: yawan tona, yawan zama a kwanon ruwa, kasala, idanu su dushe. Wadda ke wannan hali ta fi saurin kai damƙa, kuma tana da hujja.

Daga nan maganar ta koma kan gidan da aka ajiye ta. 'Yar robar da ake haɗawa da ita a shago ba gida ba ce. Tana bukatar akwatin gilashi mai murfi da zai riƙe danshi tsakanin kashi 70 zuwa 80 cikin 100, da ɗumi wajen digiri 24 zuwa 29 a ma'aunin Salshiyas. Tana bukatar yashi mai laima, yawanci gauraye da zaren ɓawon kwakwa, mai zurfin aƙalla santimita 15, ko ninki uku na tsayin babbar cikinsu. Kwanon ruwa biyu, ɗaya mai daɗi ɗaya na gishirin teku da ake sayarwa don kifin ado, ba gishirin miya ba. Rassan hawa, wuraren ɓuya, da katantanwa iri-iri marasa fenti. Sannan abokan zama, domin duk da sunan da Turawa suka laƙaba mata, hermit crab, wato ƙaguwa mai kaɗaici, a daji cikin taro take rayuwa. Binciken da Randi Rotjan da Sara Lewis da abokan aikinsu suka yi a wani ɗan tsibiri na ƙasar Belize, wanda aka wallafa a 2010, ya nuna yadda suke taruwa a gindin babban kwanso da ba kowa ciki, su jeru daga babba zuwa ƙarama, kowace ta riƙe na gabanta. Da zarar wadda ya yi wa daidai ta shiga, sai kowace ta faɗa gidan da ta gabanta ta bari, cikin ƙiftawar ido. Ka lura, a nan ma da awartakin suke riƙe juna. Idan babu isassun kwanso a akwati, wannan tsarin sai ya rikiɗe ya zama faɗa, su riƙa jijjiga juna suna yin wani ƙara kamar na gyare, har a rasa ƙafa ko rai. Wadda ke kwana cikin fargabar a ƙwace mata gida ba za ta karɓi hannun mutum da natsuwa ba.

Wani zai ce duk wannan wahala a kan ɗan ƙwaro? Tambayar ko irin waɗannan halittu suna jin zafi an daɗe ana tafka ta, amma hujjoji sun taru. A 2009 Robert Elwood da Mirjam Appel na jami'ar Queen's da ke Belfast sun gwada ƙaguwoyin kwanso na cikin teku da ɗan jan lantarki. Suka ga waɗanda ke cikin kwanson da suka fi so sun fi jurewa kafin su fice, kuma waɗanda aka ja sun fi saurin karɓar sabon kwanso daga baya. Wato ba zabura kawai suke yi ba, suna auna riba da asara, suna kuma tunawa. A 2021 wani rahoto da Jonathan Birch ya jagoranta a makarantar nazarin tattalin arziki ta Landan ya tattara irin waɗannan hujjoji, kuma a 2022 Birtaniya ta sa dangin ƙaguwa cikin dokarta ta dabbobin da aka amince suna jin zafi. Dabba ce kuma da za ta iya shekara 20 ko fiye idan an kula da ita, alhali mafi yawan waɗanda ake saya a bakin teku ba sa cika shekara.

Game da yara, ni dai ba na goyon bayan a ba ƙaramin yaro ita a hannu, ko da babba na tsaye. Ba laifin yaron ba ne, babba ma yakan yarfe kafin ya yi tunani. Akwai hanyar da ta fi, kuma yara na son ta. Ƙaguwar nan da dare take harkarta. Bayan magariba a rage hasken ɗaki, a yanko ɗan mangwaro ko kwakwa ko dafaffen ƙwai marar gishiri, a ɗora a kan dogon cokali, yaron ya zura shi cikin akwatin ya ajiye gaban wadda ta leƙo, ya riƙe bai motsa ba. Ranar farko za ta shige ta rufe ƙofa. Bayan kwanaki za ta fara tsayawa, gashin-bakin na kaɗawa, ta matso taku ɗaya ta tsaya, ta sake matsowa. Sai ta dafe gefen cokalin da babban hannun, ta sa ƙaramin tana tsinka tana kai wa baki, loma bayan loma, yaron na kallo ta gilashi.